Kalangun Rumfar Gabas

Waƙa bakwai na yi, kuma duk cikin mutanen Mafara mutum ɗaya nake so ya zauna ya saurare su daga ta farko har ta ƙarshe, shi ne Baba. Ba rawa nake so ya yi ba. Baba ko a bikin 'ya'yansa ba a taɓa ganin ya gyaɗa kai ba. So nake ya ji, ya ce abin nan da nake yi aiki ne. Domin tun ranar da ya same ni a bayan tebur na riƙe cinyar sa ina jera mata baitoci maimakon in sare ta, kallon da yake yi mini ya koma irin wanda yake yi wa saniyar da dillali ya cika yabo.

Mu rundawa ne, mahauta ke nan. Tun kakan kakana nama muke sayarwa. Teburin Baba yana layin yamma a kasuwa, ni kuma tunda na gama sakandare nake tsayawa a damansa. Shi ya yanka, ni in kasa, in ƙunshe, in kori ƙuda. Tsayuwar nan ba ƙaramin abu ba ce a gidanmu. Duk wanda aka gani a daman mai tebur, an san shi zai gaji wuƙa.

Daidai gabanmu, tsallaken hanyar da masu baro ke bi, akwai rumfar gabas. Mai ita sa'an Baba ne, tare suka tashi, sahu ɗaya suke sallah, kuma tun kafin a haife ni suke gasar wa zai kayar da sa mai babban tozo ranar Talata. Ba faɗa suke yi ba. Gaisuwarsu ma ta fi ta kowa tsawo, a tambayi gida, a tambayi gajiya, a tambayi sanyi ko zafi, a sake dawowa kan gida. Sai dai kowannensu yana gaisuwar yana leƙen abin da ke rataye a ƙugiyar ɗan'uwansa. Ni Baban gabas nake ce masa.

To bari in gaya muku yadda na koyi hip hop, don ba wanda ya koya mini. Waya ce da ni mai fasasshen gilashi, da wata manhajar haɗa kiɗa da na yi kwana uku kafin in gane inda ake taɓawa ganga ta yi ƙara. Abin ashe ƙirga ne. Ɗaya, biyu, uku, huɗu, a koma. Ganga mai nauyi ta faɗi a ɗaya da uku, tafi ya faɗi a biyu da huɗu, kai kuma ka zuba maganarka a tsakani, ƙarshen wannan layi ya yi kama da ƙarshen wancan. Ranar da na gane haka, komai na duniya ya koma mini huɗu-huɗu. Saran ƙashi huɗu-huɗu, dakan Inna huɗu-huɗu, har tafiyar jaki.

Matsalar ita ce wurin ɗaukar murya. A gidanmu in ba a daka ana faskare, in ba a faskare akuya na kuka. Sai na tuna kawuna na Faru yana da rumbu, kuma kafin kaka rumbun nan wayam yake. Na hau babur na tafi. Kawu bai ma tambaye ni dalili ba, ya kafa mini tsani, na zura ta sama, ya mayar da murfi ya bar ɗan wurin iska. Wallahi duk wanda bai taɓa magana a cikin rumbun ƙasa ba bai san muryarsa ba. Tana fitowa da kauri, kamar ta babban mutum. Zafi ne kawai, da ƙaiƙayin gero. Kwana huɗu ina shiga da hantsi ina fitowa da azahar jiƙe sharkaf. A waƙa ta biyu wata zabuwa ta tsaya a gindin rumbun ta yi ta kuka, na sake ɗauka sau uku tana nan, na haƙura na bar ta a ciki.

Shida sun kammala, ta huɗu ta ƙi. Baitocinta sun fi na kowace daɗi, a kan gidanmu na yi su, amma duk kiɗan da na ɗora mata sai in ji kamar na aro rigar wani. A hip hop akwai abin da ake yi, ka yanko ɗan guntun wani sauti, ka sa shi ya yi ta maimaita kansa a ƙarƙashin waƙarka. Na ce to ni me zan yanko wanda yake namu? Sai kalangu ya faɗo mini.

Rundawa da kalangu tare suke, kowa ya sani. Akwai wani tsohon makaɗi da ke zuwa daga Bakura duk Talata, kalangunsa a hammata, ya bi layin mahauta yana kaɗawa. Na san ana cewa kowane babban mahauci yana da takensa, wato kiɗan da yake nasa shi kaɗai. Amma mu samarin yanzu, gaskiya, jinsa muke kamar yadda muke jin injin niƙa. Ƙarar kasuwa ce. Ban taɓa zama na ware na wane da na wane ba. Wata Talata tsohon yana tsaye a tsakiyar hanya, na kunna waya a aljihun gaba, na ɗauki kusan minti huɗu ba tare da na ce masa komai ba. Da na koma gida na yi ta saurare har na kai wani wuri da kiɗan ya yi wani tsalle, ya faɗo, ya sake tsalle. Na yanko wurin, na ɗan ƙara masa sauri, na ɗora masa ganga mai nauyi. Sai ga amshina ya zauna a kai kamar an auna: nan ne gidanmu, nan aka haife ni, wanda bai sani ba ya zo ya gani.

Na sa wa faifan suna Daga Kwata, wato wurin da muke yanka. Hoton bango ni ne da baƙin gilashi, na harɗe hannu a gaban ƙugiya.

Fitar da faifai a wurinmu ba wani taro ake yi ba. Ina da aboki mai rumfar caji da tura waƙoƙi a bakin tasha. Ranar kasuwa mutanen ƙauyuka na kawo masa memori ya cika musu da wa'azi da finafinai da waƙoƙin biki. Muka shirya duk wanda ya zo, ya jefa masa Daga Kwata a matsayin gyara, ko ya nema ko bai nema ba. Kafin la'asar faifaina ya hau motar Bakura, ya hau ta Maradun, wani ma ya ce ya ji shi a wayar wani makiyayi a hanyar Damaga. Ni kuwa ina bayan tebur ina kasa nama, ƙafata ba ta taɓa ƙasa.

Sai masu sharhi suka fara.

Yayata ce ta farko. Ta saurari waƙa ɗaya da rabi tana tsifar kai, ta cire abin kunne ta ce ina magana kamar wanda kare ya biyo. Na yi mata bayanin cewa saurin shi ne gwanintar. Ta ce to Allah ya sa karen ya gaji.

Na biyu malaminmu na Hausa ne na sakandare. Shi dogon rubutu ya yi a zauren tsofaffin ɗalibai na waya, waƙa bayan waƙa, har da maki. Ya ce ta ɗaya na kwaikwayi mutanen Kudu har na manta ni Bazamfare ne. Ya ce ta uku akwai tunani amma na haɗiye rabin kalmomin. Ya ce a ta biyu akwai baƙuwar murya da ta fi kowa riƙe kiɗa, yana fatan za a faɗi sunanta a faifai na gaba. Zabuwar yake nufi. Na karanta rubutun nan ya fi sau ashirin. Ya ɗan yi mini ciwo, amma ku duba fa, mutum mai digiri ya zauna ya yi rubutu a kan abin da na yi a cikin rumbu.

'Yan kabu-kabun tasha su ma'auninsu ɗaya ne, in an tayar da babur ana jin waƙar ko ba a ji. Shida sun faɗi, ta huɗu ta ci. Kalangun nan yana huda ƙarar inji ya fito. Cikin mako guda ba ka tsayawa a bakin titi minti biyar wani bai wuce da ita ba. Har wani mai gambara a Maradun ya aiko da martani ta saƙon murya, ya ce baitocina warin kayan ciki suke yi. Na yi murna ƙwarai, don a harkar nan in ba a tanka maka ba, ba ka iso ba.

Abin da ya fi ba ni mamaki dattawa ne. Tsofaffin kasuwa da ba su taɓa kula ni ba sai ga su suna tsayar da ni suna dariya, wani ya ce yaro ka iya zaɓe, wani ya tambaye ni ko Baba ya ji. In ce bai ji ba tukuna, sai dariyar ta ƙaru. Ni a zatona na haɗa tsara biyu ne da waƙa ɗaya, har na rubuta haka a shafina.

Talatar da ta biyo, Baban gabas ya zo da sabuwar sifika, ya ɗaure ta a ginshiƙin rumfarsa da igiyar talala, bakinta na kallon teburinmu. Tun safe waƙa ta huɗu, in ta ƙare a sake. Baba bai ɗaga kai ba. Na lura dai saransa ya yi nauyi, ƙashi na tsalle har ƙasa, amma na ce ƙila san ranar ne mai tauri. Ni daɗi ma nake ji, ga shi dole ya ji ko ɗaya ce. Da kasuwa ta fara sanyi Baba ya tafi masallaci, sai Baban gabas ya yafuto ni. Ya yanko tozo, wurin da ya fi kyau, ya ƙunshe da kansa, ya ɗora mini a hannu biyu a gaban jama'a.

"Ka ga ɗa na ƙwarai," in ji shi. "Kai ma Innarka, ka ce in ji ni. Allah shi ƙara basira."

Na durƙusa na yi godiya. Na tafi gida ina tunanin wannan ce kyautar farko da waƙa ta jawo mini.

Inna ta buɗe ƙunshin, ta dube ni. Kafin ta rufe sai ga sallamar Baba. Shi kuwa ko a cikin miya ya ga nama ya san hannun da ya yanka. Ya tsaya a kan tozon nan ya daɗe.

"Wanga ba yankan gidanga na ba."

Na faɗa masa inda na samo, da fara'ata.

"To a dahwa mishi," ya ce da Inna. "Roƙonshi na, shi yas samo." Ya juyo gare ni, muryarsa a kwance. "Gobe ba sai ka hito kasuwa ba. Ka huta, ka yi waƙa."

Ya shige ɗaki. Inna ta jawo kwanon sha, ta kife shi a cinyarta, ta ce in kunna mata waƙar. Da kalangun ya shigo sai ta fara bin sa da yatsu a bayan kwanon, daidai, ba ta kuskure ko ɗaya ba. Ita ma 'yar rundawa ce, da wannan kiɗan aka yaye ta. Ta ce kalangu ba ƙara yake yi ba, magana yake yi, kuma duk wanda ya haura arba'in a kasuwar nan yana jin ta kamar yadda yake jin gaisuwa. Ta sake bugawa a hankali, tana faɗin kalmomin a kan kowane bugu: sa ya faɗi gabas, na yamma ku jawo akuya.

Taken Baban gabas ne. Ba ma takensa kawai ba, daidai gaɓar da ake yi wa Baba zambo a ciki, wadda makaɗin ke jefawa sau ɗaya, a yi dariya a wuce, sannan ya tsallako ya rama wa Baba da tasa. Ni kuma na yanko ta ita kaɗai, na sa ta tana maimaita kanta minti uku da rabi, na hau kai ina ihu nan ne gidanmu, nan aka haife ni. Sannan na je na durƙusa na karɓi kyauta irin wadda ake ba maroƙi.

Inna ta dafa tozon. Yayata ta ci nata ta ci nawa, ta ce ita ba ta cikin rigimar mawaƙa.

Washegari na ruga wurin abokina na tasha na ce a janye waƙar. Ya yi dariya har ya riƙe ciki. Ya ce zai goge ta a kwamfutarsa yanzu a gabana, amma in je Damaga in bi makiyayin nan in karɓo tasa, in na gama in wuce Bakura gida-gida. Ya ce jiya ma wani ya zo da ita a wayarsa yana tambayarsa ko shi ma ya samu.

Mako biyu ban taka layin mahauta ba. Na so a ce Baba ya sa wani a wurina, da na san fushi ne, in san yadda zan ba da haƙuri. Bai sa kowa ba. Yayata ta ce ta wuce ta gan shi shi kaɗai, ya yanka, ya ajiye wuƙa ya kasa, ya ƙunshe, ya kori ƙuda, damansa wayam, sifika kuma na ta yi a tsallake. A gida in na gaishe shi yana amsawa cikakkiya, har ya tambaye ni ya waƙa. Wannan tambayar ta fi mari zafi.

Sai na yanke shawarar da nake ganin ta masu hankali ce. In je Bakura in sami makaɗin, ya kaɗa mini taken Baba, in cire wancan in sa wannan, in sake fitar da waƙar. Na hau babur muka bi ta gonakin shinkafa, mai babur ɗin yana kunne da waƙa ta huɗu bai san ni ne ba, har yana gaya mini yaron da ya yi ta ɗan gidan mai rumfar gabas ne.

Na sami tsohon a ƙofar gidansa yana ɗaure wa kalangu sabuwar fata. Muka gaisa, muka sake gaisawa, ya tambayi Baba, ya tambayi Inna, ya tambayi kasuwa. Sannan ya ce ya ji aikin da muka yi tare, shi da bai san ya shiga ba. Cikin duk masu sharhin da na samu ba wanda ya kai shi tsanani. Ya ce na datse masa magana a tsaka, kamar a ɗauki rabin gaisuwa a tafi da ita. Ya ce na ƙara masa sauri har ya koma kamar mai zazzaɓi. Ya ce gangar da na ɗora a ƙasa ba laifi, ta riƙe shi da kyau, wa ya koya mini? Na ce ba kowa. Ya ce ya ga alama.

Na faɗi abin da ya kawo ni, na fito da waya. Ya girgiza kai.

"Ba a kaɗa ma bango take, ɗana. Sai mai shi na tsaye, sanshi na rataye. In na kaɗa maka shi nan, itace da hwata kaɗai za ka ɗauka."

Ya ce kuma Talata biyu ke nan in ya doso teburin Baba, Baba na ɗaga masa hannu ya wuce. Abin ya dame shi, don taken Baba mahaifin shi makaɗin ne ya yi wa kakana shi, ba a taɓa yin Talatar da bai kaɗa shi ba sai yanzu. Ya ce Talata mai zuwa zai tsaya ko an ɗaga masa hannu. Ni kuma in zo in tsaya inda Baba zai gan ni.

"Wanga karon kuma ka tambaya kahin ka ɗauka."

Ranar Litinin Inna ta gaya mini, kamar ba da gangan ba, cewa Baba ya sayo wani sa daga wajen Maradun wanda sai da mutum huɗu suka sauke shi. Washegari da aka idar da sallar asuba na bi Baba kwata daga nesa. Aka yanka, aka feɗe. Da aka zo ɗauka na sa kafaɗa na ɗauki cinya ɗaya. Bai hana ni ba, bai kuma dube ni ba. A kasuwa na rataye ta, na koma can ƙarshen tebur wajen bokitin ruwa na tsaya. Tozon san nan da aka ɗora a gaba, masu wucewa har tsayawa suke yi.

Sifika na ta aikinta. Da hantsi sai ga tsohon. Ya fara zuwa gabas, ya gaida mai rumfa, ya roƙe shi ya kashe na'urar, ya ce ba zai iya gasa da kansa ba, wancan na cikin akwatin ya fi shi ƙuruciya. Mutane suka yi dariya, Baban gabas ma ya yi, ya kashe. Kasuwar ta yi wani irin shiru da na manta akwai shi.

Ya tsallako. Baba ya ɗaga hannu. Tsohon ya yi kamar bai gani ba, ya gyara kalangu a hammata ya fara.

Taken Baba ba ya tsalle. A hankali yake tafiya, da nauyi, kamar sa mai ƙiba yana shiga kara, kasuwar shanu. Da a ce shi na ji a wayata ran nan, da na wuce shi, don ban san abin da nake nema ba. Baba ya ci gaba da yanka. Tsohon ya ci gaba da kiɗa. Mahautan layin suka ajiye wuƙaƙe. Na matso, na durƙusa a gefen tebur da waya a hannu.

"Baba, in ɗauka?"

Na jira. Ya yanki wani wuri, ya juya shi, ya sake yanka. Na ga dai ba zai ce komai ba, sai na kashe wayar gaba ɗaya na sa a aljihu na miƙe.

Ban fi ƙirga takwas da yin haka ba Baba ya kafa wuƙa a kan tebur, ya goge hannu a gaban rigarsa, ya buɗe baki.

Ni dai na san ana cewa rundawa na kirari in an kaɗa musu take, amma ban taɓa jin na Baba ba. Inna ta ce rabonsa da yi tun ina goye. Jama'a, mutumin nan da ba ya haɗa jimla uku a wuni! Ya faro daga kakansa, ya bi garuruwan da suka sayo shanu, ya ambaci san da ya taɓa karya ƙugiya. Ba takarda, ba tsayawa neman kalma. Ina ƙirgawa a zuci, ɗaya, biyu, uku, huɗu, kowane layi na faɗuwa daidai inda ya kamata, wani lokaci ya bar kiɗan ya wuce shi da gangan sannan ya kamo shi a gaba, abin da na yi wata shida ina gwadawa ban iya ba. Inda yake jan numfashi ma ban gano ba. Ya juya gabas ya ce wanda ya sayo akwati ya yi masa kirari, a tambaye shi ko bakinsa na wurin gyara ne. Layin ya ɗauki shewa, Baban gabas ya cire hula yana fifita da ita yana dariya. Sannan ya ce shi ne mai ɗan da ya tafi neman gidansu ya shiga na maƙwabta, amma ya dawo da cinya a kafaɗa. Nan ya tsaya. Tsohon ya rufe da bugu uku.

Baba ya zare wuƙarsa. Mutane suka yi ca a kan tozon. Sai da aka ɗan lafa ya yi magana, idonsa na kan nama.

"Ka ɗauka?"

"A'a, Baba. Ba ka ce ba."

Ya ɗago ya dube ni, karo na farko cikin mako biyu. Na ga kamar abin ya ɗan ba shi haushi, na kuma ga kamar ya yi masa daɗi, ban san wanne ya fi yawa ba.

"To ni ba ni yin biyu," ya ce. "Matso nan, ƙuda sun cika naman."

Na matsa damansa. Har yau in na tuna baitocin da suka fi kowanne kyau a garin nan sun tashi a iska wayata na kashe a aljihu, sai in ji kamar in yi kuka. Na yi ƙoƙarin rubuta abin da na riƙe, bai kai rabi ba, kuma a takarda ba shi da rai.

Bayan la'asar, mun wanke tebur, ya zauna a benci ya miƙo hannu ya ce in ba shi abin kunnen. Ya sa ɗaya, ya bar mini ɗaya. Na so in tsallake ta huɗu, ya ce in bar ta. Ya ji ta har ƙarshe fuskarsa ba ta motsa ba, ya ce kiɗan dai ya zauna, ko da ƙarya yake faɗi. Ta ɗaya ya ce bai ji Hausa a ciki ba. Ta uku ya ce in riƙa ƙarasa kalma kafin in kama wata, ba kora ta ake yi ba. Ta biyar da ta bakwai bai ce komai ba. Ta shida, wadda na yi a kan safiyar kwata, ya ce in mayar da ita baya. Ya sake ji. Ya ce in sake mayarwa.

"Akwai aiki ciki," ya ce. "Ba ka dai ƙare shi ba. Wa yag gaya maka ana hwara hiɗa daga baya? Mutane na ji, su ce ɗana bai san inda aka sa wuƙa ba."

Na ce kalmar ce ta dace da ƙarshen layin. Ya ce to in nemo wata kalmar, san ba zai juya don waƙata ba. Ya yago takardar ƙunshin nama ya miƙo mini, na ciro biro. Ya fara lissafo mini yadda ake bi, daga wuya zuwa ƙirji, daga ƙirji zuwa ƙafafu, yana yi yana buga benci da yatsa, ni kuma ina rubutawa ina neman abin da zai yi daidai da ƙirji.